Injin Karin Kumallo

A bene na shida, birnin New York, 1924,
Orsolya Vadas na bin sawun fensir da tawada.
Zane goma sha shida kafin a ƙifta ido,
duk nata ne, har da ƙafar agwagwa.

Labarin wani tsoho ne mai gemu har cibiya
da ya gaji da motsa hannu, ya ƙera inji:
a ja igiya, ƙwallo ya gangaro
ya bugi agwagwa, ta zabura ta taka feda,
ƙwai ya faɗa kasko, aska ta nufo gemu.

Ranar gwaji inji ya birkice.
Ya yi wa ƙwai aski,
ya soya takalmi,
ya shafe sanƙon tsoho da man shanu, ya tura shi cikin burodi.

Mako bakwai tana haifar wannan ɓarna
da yatsu uku, wuya ya sage,
fitila na gasa ta ta ƙarƙashin gilashi.

Daren Asabar ta biya kuɗin ƙofa kamar kowa.
Tsoho na ihu a bango, ba murya,
mai fiyano ke ara masa kururuwa.
Gefenta Dezső, mijinta,
wanda injin maɓalli ya raba da aiki tun bara,
ya yi dariya har da hawaye, yana cewa a maimaita.

Minti shida, aka kunna fitilu.
Ta dubi yatsunta, baƙin bai fita ba.
Litinin akwai injin wankan jariri,
zane dubu biyar,
kuma da hannu.