Daƙiƙa Ɗaya Kowace Safiya

Ni ne mai kunna majigi a wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa a Chur,
kujera arba'in, biyu sun karye.
Nan Madlaina Bezzola take samuna
idan jan jirgin ƙasa ya sauko da ita daga Engadin,
gwangwanin fim a hammata kamar ta sayo burodi.

Da rana tana rarraba wasiƙu a gidan waya.
Albashinta gida biyu ne: haya, da zaren fim.
Ciki kuwa, ta ce, dankali ba ya ƙin kowa.

Fim ɗinta ba jarumi, ba mai kuka, ba mai ramuwar gayya.
Ta taɓa binne zare a bayan rumbun cuku,
dusar ƙanƙara ta kwanta a kansa wata biyar.
Da ta tono, ta ce ƙasa ta gama nata aikin,
sai ga tsatsa da kore suna kokawa a bango.
Wani kuma da allurar ɗinkin uwarta ta karce shi,
hoto bayan hoto, har wata tara,
ya fito minti uku.

Mutum bakwai suka zo kallo.
Tsoho Gaudenz ya leƙo ɗakina
yana tambaya ko injin ne ya lalace.
Ta yi dariya har da riƙe ciki.

Sau huɗu masu ba da tallafi suka rubuto daga Bern:
ba mu ga inda labarin ya dosa ba.
Ita ta ware wasiƙun da hannunta,
ta buga musu hatimi, ta kai wa kanta gida.

Akwai abin da ba ta taɓa gaya mini ba.
Sai bayan an binne ta
'yar ƙanwarta, Braida, ta zo da kwalayen ayaba
cike da gwangwanaye, kowanne an rubuta masa: taga.

Ashe kullum ƙarfe bakwai na safe
takan kafa kyamara a tagar kicin,
ta ɗauki tsaunin da ke kallonta, daƙiƙa ɗaya,
ta rufe, ta tafi aiki.
Shekara talatin da ɗaya.

Na haɗa su da almakashi da gam,
awa uku da 'yan mintuna.
Lokacin sanyi duhu, bazara haske,
bangon yana lumshe ido yana buɗewa
kamar saniya mai tuƙa.
Ƙanƙarar da ta lulluɓe kwarin kuwa
tana ja da baya sannu-sannu,
kamar ana janye mayafi daga ƙafar mai barci,
har dutse ya fito tsirara.
Ban san ko shi ta je nema ba.
Wataƙila taga kawai take so.

Akwai safiyar da kyanwa ta tare komai.
Akwai kwana goma sha ɗaya da babu su,
Braida ta ce lokacin rasuwar uwarta ne.
Can wajen ƙarshe tsaunin ya fara rawa.
Ba tsaunin ba ne. Hannu ne.

Mu tara ne a ɗakin ran nan.
Zaren ya ƙare, wutsiyarsa tana dukan injin,
fat, fat, fat,
farin haske a bango.
Aikina ne in kashe.
Na bar shi tukuna.