Ɗaki Na Tara, Whitby

Sun ce littafi bakwai ya rubuta a kan ceto,
na farko yana da shekara talatin da ɗaya,
na ƙarshe bayan ya binne matarsa Maud.
Ni ban karanta ko ɗaya ba da na kama aiki.
Iyakar sanina: Dokta Threlkeld, ɗaki na tara,
ba ya son sukari a shayi,
kuma yana tsoron bahon wanka.

Ɗan masunci ne. Teku ta ci ubansa
wata Talata, a idon mutanen gari,
suna tsaye da igiya, igiyar ba ta kai ba.
Shekara sittin ya yi yana auna igiyar nan da alƙalami:
wa ke jefawa, wa ke kamawa,
in sanyi ya sandarar da yatsu fa, laifin wa?

Yanzu kalmomi sun watse masa
kamar tsuntsayen bakin ruwa da aka jefa da dutse.
Yakan kira ni Maud. Nakan amsa.

Wani dare iska na dukan taga,
ya damƙi hannun rigata, ya ce,
"Yarinya, na manta abin da na gaskata.
Na laluba, babu. Aljihun ya huje."

Na ɗauko na biyar daga kanta, mai shuɗin bango,
na buɗe inda takarda ta lanƙwashe,
na karanta masa da Turancina na Wusasa:
bangaskiya ba ƙarfin damƙa ba ce,
wanda ruwa ya ci ba iya riƙonsa ke fid da shi ba,
akwai Wanda ya nutse domin ya ɗauko shi.

Shiru. Sai ya ce, "Wa ya rubuta wannan?"
Na ce, "Kai."
Ya yi dariya har ta koma tari.
"Yaro ne. Bai san ruwa ba tukuna."
Can kuma, a hankali: "Sake karantawa."

Na sake. Sau huɗu.
Kafin na biyar yatsunsa sun saki rigata,
ni ce na riƙe nasa
har ƙararrawar ɗaki na sha biyu ta kira ni.

Da safe na yi mantuwa, na zuba masa sukari.
Ya shanye tas, yana kallon jiragen masunta suna fita.