Majigi a Kufai

Shekarar da fari ya shanye madatsar ruwa
can arewacin Fotugal,
ƙauyen da aka nutsar ya ɗago kai:
bango babu rufi, laka har gwiwa.

Ondina ta gangaro da majigi a bayan mota,
da janareta mai tari,
da gwangwanin fim uku
da ta tono a akwatin kawunta
ƙarƙashin takardun haraji, suna warin tsami.
Wata shida ta yi tana goge su,
hoto bayan hoto,
da auduga, tana riƙe numfashi.

Ba ta rataya farin ƙyalle ba.
Ta ce bangon makaranta ya isa,
shi ma ganau ne.

Tsofaffi suka zo daga sabon gari a bas,
kowa da bargo da kujerar roba.
Rana ta faɗi. Ta kunna.

Sai ga hanya ta hau bango,
ga masara a shanye,
ga jaki ya ƙi haye gada.
Tsagar bango ta ratsa kuncin mai gasa burodi,
shatin da ruwa ya bari na shekara hamsin
ya yanke kowa a ƙugu.

Belmiro ya miƙe, sanda na rawa.
"Farrusco!" Kare yake kira.
Yaron da ke riƙe da igiyar kuwa
bai san shi ba,
sai da matarsa ta ja masa riga:
"Kai ne, tsoho. Dubi kunnuwan."

Fim ɗin kurma ne, bebe ne.
Su suka ara masa baki.
Wannan ta ce ranar bikin waliyyi ce,
wancan ya ce ƙarya,
ranar ce masu awo suka zo da tutoci ja.
Gardama ta kaure kan launin wata ƙofa
a hoto mai baƙi da fari.
Ondina ta juya wa bango baya,
ta saita kyamara a kan fuskokinsu.

Gwangwani na uku danshi ya cinye shi.
Haske kawai, da ɗigo-ɗigo,
minti huɗu cur.
Ta kai hannu za ta kashe,
Graciete ta ce, "Bar shi, yarinya.
Daidai nan gidanmu yake."
Aka bar shi. Ba wanda ya yi tari,
har janareta.

Kawun nata bai fito ko sau ɗaya ba,
sai inuwarsa a ƙasa, gab da ƙarshe,
gwiwoyin hannu a ɗage,
kamar mai kare fuska daga duka.

An ce ruwan Nuwamba zai mai da komai ƙasa.
Ta naɗe waya, laka na zuba daga yatsunta.
Belmiro na bakin bas
yana ta fito a hankali,
ko wani abu zai biyo shi.