Mai Buga wa Jakada

Kowace Laraba yakan zo shagona a Kawo
da jakar fata wadda ta fi ni ganin duniya,
hannunta ya tsinke, an ɗaure da igiyar takalmi.
"Ladiyo, ga sabon babi," in ji shi,
"ki kula da waƙafi. A kan waƙafi ƙasashe ke ɓatawa."

Jakada Mamuda Zuntu.
Shekara talatin da ɗaya yana cin abinci da cokula uku,
haƙoran gaba na murmushi, na ciki na tauna magana.
Ya ce aikinsa a da shi ne faɗin a'a
ta yadda mai ji zai tashi yana godiya.
Yanzu kwat na rataye, biro biyu ke aiki:
baƙi na faɗa, ja na nadama.

Hantsinsa a Gidan Arewa yake ƙarewa
cikin fayilolin da gara ta riga shi karantawa.
Yakan iso da warin tsohuwar takarda a riga,
ya zauna kan bencina kamar kujerar taro.

Na buga masa fataken goro
da suka san hanyar Gwanja kafin a haifi fasfo.
Na buga wasiƙun dauri, gaisuwa shafi biyu, buƙata layi ɗaya.
Na buga taron da aka kwana huɗu ana ja-in-ja
kan wa zai fara shiga ƙofa.
Ina bugawa ina dariya,
janareton mai aski na taya ni.

Babi na tara ba abin dariya.
Wani ƙauye ne a bakin iyaka, bai kama sunansa ba.
A ɗakin otal mai sanyi aka ɗora rula kan taswira,
gidaje suka faɗo nan, rijiya ta faɗa can,
maƙabarta ma can.
Mutum bakwai suka sa hannu, na biyar shi ne.
Abin da ya fi tunawa, in ji takardar,
shayin ranar ya yi sukari da yawa.

Sau uku ya soke shafin da ja.
Sau uku na mayar da shi.
Ya ce, "Bugu aka ba ki, ko alƙalanci?"
Na ce, "Ranka ya daɗe, injin ne ba ya ganin ja."
Ya cire tabarau, ya daɗe yana goge abin da ba datti.
A waje yaran mota na kiran Mando, Mando, saura mutum ɗaya.

Ban gaya masa ba
cewa kakata ta rasu a Rigasa tana kiran sunan wata rijiya,
wai ruwanta ya fi na famfonmu daɗi.
Ban san ko ita ce ba.
Rula ba rijiya ɗaya ta ci ba.

Ya mayar da tabarau. "Bar shi," ya ce.
"Amma ki cire 'abin takaici'. Wannan yaren ofis ne.
Ki sa: na sani, kuma na sa hannu."

An ƙaddamar da littafin cikin Agusta, ana ruwa.
Manya sun sayi kwafi da kuɗin gida guda,
direbobi suka kai but, leda ba a yage ba.
Nawa ya kawo da kansa, a jiƙe har kafaɗa,
ya biya cikon naira dubu huɗu da nake binsa.

Da yamma na bi ta kan gada zuwa Kakuri.
Kogi ya cika, ja wur, yana jan ciyawar wasu garuruwa,
ba wanda ya tambaye shi takarda.
Na buɗe shafi na ɗari da arba'in da uku.
Akwai waƙafi ɗaya da na ƙara bayan "na sani",
don mai karatu ya numfasa.
Ya gan shi, na tabbata. Ya bar shi.