Yatsan da Na'ura Ta Ƙi Karantawa

Takardar da ke bangon shagona
ta mutu ranar Laraba.
Ba ta yi jinya ba, ko tari ba ta yi ba,
kwanan wata ne ya cim mata
tana rataye tsakanin madubi da kalandar masu taliya.
Ni ma ban sani ba,
sai da mai jakar takardu ya leƙo,
ya yi rabin sallama,
ya nuna ta da bakin biro.

Washegari na ɗage kitson mutum uku,
na bar lalle yana tsima a kwano,
na hau adaidaita daga Gwammaja
da hoto biyu a ambulan,
da rasit ɗin banki da na ninke huɗu
na cusa a bakin zani.

Layin ya kai gindin darbejiya.
Ga mai aski daga Fagge yana gyangyaɗi,
ga 'yar dilka tana ƙamshin kurkur,
kowa ya zo a shaida masa
cewa hannunsa nasa ne.

Na tuna zuwana na farko.
Suka ce ina shaidar makaranta?
Na ce makarantata tabarma ce a Yakasai,
malamata Gwaggo Tabawa,
bulalarta gindin mataji.
Ta rasu ba ta taɓa sa hannu a takarda ba,
a kan mutane take sa hannu.
Sai suka ajiye min kan roba a tebur,
kan da ba ya cewa wash,
ba ya ba ki labarin mijinsa.
Na yarfa masa shuku ina jin kunya.
Suka ce na ci.

Bana kuma sun kawo na'ura,
'yar ƙarama, mai jan ido.
Ɗora babban yatsa, Hajiya.
Na ɗora. Ta yi ƙyafce.
Goge a zani. Na goge.
Hura masa iska. Na hura.
Na dama, na hagu, har ɗan ƙuriya,
ta ce ba ta ga kowa ba.

To ina za ta gan ni?
Shekara ashirin da bakwai gashi yana cin fatar nan,
silin amare, silin masu jego,
silin 'yan makaranta daren Juma'a.
Zanen yatsuna ya bi kawuna,
yana yawo a Kurna, yana kwana a Mandawari,
wani ma jirgi ya kai shi Makka.

Ma'aikaciyar ta sunkuya tana jijjiga waya,
gyalenta ya zame.
Na ga tsagar.
Daga bayan kunnen hagu ta taso,
ta karkace kaɗan kamar hanyar Ƙofar Mazugal,
ta kulle a ƙeya da ƙulli biyu.
Na ce, yarinya, Zinaru ce ta yi miki wannan?
Ta ɗago. Ya aka yi kika sani?
Na ce ni na doki hannunta
har ta iya wannan karkacewar.
Amma gaya mata ta rage ja a goshi,
tun tana 'yar goma sha uku nake faɗa.

Ta yi dariya har biro ya faɗi.
Ta jawo tsohon kushin tawada daga durowa,
ta kama yatsana da kanta ta danna.
Abin da ya fito shuɗin tabo ne kawai,
sumul, ba zane ko ɗaya.
Ta buga hatimi a gefensa.

La'asar na iso shago.
Lallen ya tsimu har ya wuce.
Na rataye sabuwar a ƙusar tsohuwar,
ita ma da ranar mutuwarta a goshi.
Barira na zaune tun azahar, kai a tsefe, rai a ɓace.
Na ce matso.
Na sa kibiya, na tsaga.