Mai Shafe Bango

Aikina shafe bango ne.
Da asuba nake hawa tuddan Valparaíso da bokitin fenti.
Abin da samari suka zana da dare,
kafin jiragen ruwa su yi kukan farko na rufe shi:
zagi, zuciya mai kibiya, sunan wata Yasna.
Shafa biyu, bango ya manta.

Ni ne ban samu mai shafe ni ba.

Daƙiƙa arba'in da ɗaya.
Ina ɗan ashirin da biyu, na sha na yi tatul,
ina ɗura wa direban bas ashar,
takalmi ɗaya a ƙafata.
Wani ya ɗaga waya.
Har yau ban san fuskarsa ba.

Na rufe shafina. Aka ce, ka tabbata?
Na tabbata.
Aka ba ni kwana talatin ko zan sake shawara.
Na rubuta wa kamfani a wata ƙasa mai nisa,
na'ura ta amsa, ta gode mini da haƙurina.
Suka cire ɗaya.
Washegari na ga uku, ɗaya har an sa masa kiɗa.

Shekara goma sha huɗu ban kai kwalba baki ba.
Direban, Don Nibaldo, na bi shi har gida,
muka sha shayi, ya ce shi ya ma manta.
Bara ya rasu.
A can ciki kuwa yana nan da ransa,
riƙe da sitiyari,
ina ta zaginsa.

Na tara gemu. Na koma amfani da sunan mahaifiyata.
Mai gidan haya ya dubi waya, ya dube ni,
ya ce an riga an kama ɗakin.

Jiya Millaray ta dawo daga makaranta,
ko jaka ba ta sauke ba.
Baba, kai ne wannan?
Na karɓi wayar. Na kalli yaron,
siriri, bakinsa ya fi shi ƙarfi.
Na ce, na san shi.
Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce,
to ina ɗaya takalmin?

Cikin dare aka yi ruwa.
Da na hau tudu yau,
a bangon da na shafe shekaranjiya,
harafin farko na sunan Yasna
ya fara leƙowa ta ƙarƙashin fenti.
Na ajiye bokiti na tsaya.