Ruwan Ɗaki

Yadi shida na koren ƙyalle na yanko a kasuwar Dole.
Ilu tela ya ce, "Labule ne ko rumfa?"
Na ce sararin sama ne.
Ya dube ni ta saman tabarau, ya ci gaba da taka kekensa.

A ɗakina na Garin Malam,
inda fanka ke tuƙa zafi kamar tuwo,
nake sana'ar da ba ta da suna a bakin dangi.
Inna takan ce, "Mutari gyaran hoto yake."
Na bar ta a haka.

Daƙiƙa ɗaya, hoto ashirin da huɗu,
kowanne sai na bi shi a hankali
kamar mai tsince tsakuwa cikin wake.
Na kwance wayoyin lantarki daga saman Birni,
na kwashe leda daga rassan bedi,
don a yarda shekara ɗari ce baya.
Wani ɗan kabu-kabu ya kutso bayan jarumi,
kwana uku ina fitar da shi,
shi ko yana can yana neman fasinja, bai sani ba.
Saura ƙiris na gama, wuta ta ɗauke.

Babana magini ne, zanensa na goshin zaure.
Mai wucewa kan tsaya ya ce, "Hannun Ma'azu ke nan."
Ni kuwa, ranar da aka gane hannuna,
ranar na ɓata aiki.

Zabairu darakta ya so ruwan sama tsakiyar rani.
Na haɗa masa hadari baƙi ƙirin,
na jera ɗigo dubu bisa dubu,
na sa walƙiya ta lashi duwatsun gari,
har kaina sai da na sara wa.

Ran Alhamis Kawu Ɗanjimma ya zo daga Mirya.
Na kunna masa. Ya kalla sau biyu yana tauna goro.
"Yaro, ruwan nan baƙo ne.
Namu daga gabas yake tasowa.
Kuma dubi akuyar can.
Ka taɓa ganin akuya ta tsaya a ruwa tana tuƙa?"

Wata biyu ina ƙirga ɗigo,
ban ga akuya ba.

Da damina ta faɗi na rufe kwamfuta,
na hau dutse na zauna kamar sabon ɗalibi.
Iska ta fara zuwa, tsuntsaye suka yi shiru,
mata na rige-rigen kwashe shanya,
ƙasa ta saki ƙamshin nan
da ba ni da maɓallin da zai kawo shi.
Ɗigon farko ya faɗo mini a wuya, mai ɗumi.

Waya na ta ruri cikin aljihu.
Zabairu ne, yana jiran ruwansa.
Na bar shi ya jira,
ban gama karatu ba.